Dodon da kowa ke gudu, shi ya haifi addinai biyu a Japan

A ƙauyukan Japan na shekara 200 da suka wuce mutum bai isa ya tashi kawai ya ce zai faɗaɗa gidansa ko ya haƙa rijiya ko ya ɗauko amarya daga wani gari ba, sai ya fara zuwa wajen ɗan duba ya tambaya, bana ta ina Konjin yake? Shi Konjin ɗin nan ɗaya ne cikin dubban abubuwan bautarsu da suke ce wa kami, amma shi ba don ana sonsa ake kula shi ba, tsoronsa ake ji. Ba shi da mazauni ɗaya, bana yana wannan kusurwa baɗi ya koma waccan, a cikin shekarar ma akwai kwanakin da wai yake fita yawo, duk an rubuta a kalanda. Wanda ya yi gini ko ƙaura ko aure ya doshi inda yake zaune, to cewa suke sai ya kashe mutum 7 a gidan, in mutanen gidan ba su kai 7 ba ya cike da maƙwabta. Ka ji fa. Kai kana zaune lafiya, maƙwabcinka ne ya tada katanga, kai za a ɗauka.

Asalin abin daga ilimin duba na ƙasar Sin ya shigo, wanda a Japan ake kira Onmyodo, lissafin ranaku da taurari da kusurwoyi. Manyan fadawan Kyoto, tsohon babban birnin ƙasar, na tsohon zamanin da ake kira Heian in za su je wani waje aka ce hanyar ta faɗa kusurwar da aka hana, sai su fara zuwa gidan wani aboki a wata kusurwar daban su kwana, da safe su kama hanya daga can, wai sun yi wa dodo wayo. Kusurwar da suka fi tsoro ita ce arewa maso gabas, ita suke ce wa ƙofar aljanu, babban gidan ibadar 'yan Buddha na Enryakuji da ke kan dutsen Hiei yana arewa maso gabas da Kyoto ne kuma ana ɗaukarsa a matsayin mai tsare wannan ƙofar, katangar tsohuwar fadar sarki ma in ka je daidai wannan kusurwar za ka ga an gutsure ta an lanƙwasa ciki, an ajiye gunkin biri yana gadi.

To wannan dodon da ake ta kauce wa, shi ne wani manomi da wata tsohuwa mai tsintar tsumma suka ɗauka, kowa a lokacinsa, suka ce ai shi ne babban abin bauta na gaskiya, kuma daga nan addinai suka fito waɗanda har yau suna nan da hedikwata da makarantu da mabiya a ƙasashen waje. Ni Musulmi ne, ba sai na tsaya dogon bayani a kan matsayina game da bautar wanin Allah ba, tarihi nake ba ku, kuma tarihin yana da daɗin bi saboda yana nuna yadda talaka ke yi da tsoron da aka gadar masa in tura ta kai bango.

Shinto, wato addinin gargajiya na Japan mai bautar kami, kala biyu ne in ka duba da kyau. Akwai na littafi, na fada, wanda ke cikin Kojiki da aka rubuta a 712 da Nihon Shoki na 720, inda Amaterasu ta rana take sama da kowa kuma gidan sarauta ke cewa daga tsatsonta suka fito, babban ɗakin bautarta yana Ise, duk shekara 20 ake sake gina shi sabo, na baya-bayan nan a 2013. Sannan akwai na ƙauye, wanda manomi ya sani. Inari mai shinkafa da 'yan aikensa yanyawa, Kojin na murhu, Ebisu na masunta, Dosojin da ake sassaƙawa a dutse a ajiye bakin hanyar shiga gari don ya tare annoba, har na bayan gida akwai. Waɗannan ba ruwansu da gidan sarauta, da cikin mutum da gonarsa da 'ya'yansa suke hulɗa.

In kana son ka ga yadda suke kusa da mutane, duba abin da manoman yankin Noto ke yi ranar 5 ga Disamba bayan girbi, sunan bikin Aenokoto, UNESCO ma ta sa shi cikin jerinta a 2009. Maigida zai sa kayan fita kunya ya tafi gona shi kaɗai, ya gaida kami na gonar ya ce masa an gode da aikin bana, a zo a tafi gida. Ba kowa a gabansa fa, amma haka zai juyo yana yi masa jagora, a kula ga tudu nan, a kula ga dokin ƙofa, don sun ce idonsa ba ya gani sosai, zangarniyar shinkafa ta tsokane shi. A gida a zaunar da shi gaban wuta ya ji ɗumi, a kai shi wanka da ruwan zafi har maigida na tambaya ko zafin ya yi daidai, sannan a jera abinci yana faɗa masa sunan kowanne da ƙarfi, wannan shinkafa ce, wannan kifi ne, a ci da yawa. Haka zai zauna a gidan yana hutun sanyi har 9 ga Fabrairu a raka shi gona. Baƙo ne kawai mai daraja.

Kuma suna da wata tsohuwar ɗabi'a, abin da ya fi cutar da su shi suke jawowa jiki. Sugawara no Michizane babban malami ne kuma minista, 'yan adawa suka yi masa sharri aka kore shi zuwa Dazaifu a 901 ya mutu can a 903 cikin baƙin ciki. Bayan haka sai mace-mace a gidajen waɗanda suka kore shi, a 930 tsawa ta faɗa cikin fada ta kashe fadawa, sarkin kansa bai daɗe ba ya bi. Me suka yi? Suka mayar masa da muƙamansa yana kabari, suka gina masa ɗakin bauta a Kitano a 947 suka kira shi Tenjin. Yau shi ne kami na ilimi, lokacin jarrabawar shiga jami'a ɗalibai ne cike da wuraren bautarsa suna rataye 'yan allunan katako da roƙon a ci jarrabawa. Fatalwar da ke jefo tsawa ta koma mai taimakon 'yan makaranta. Saboda haka abin da ya faru da Konjin ba daga sama ya faɗo ba, hanyar a share take, sai dai manomin nan da tsohuwar nan sun wuce inda kowa ya tsaya.

Manomin sunansa Kawate Bunjiro, an haife shi a 1814 a yankin da yanzu ake kira Okayama, yana yaro aka ba da shi riƙo ga wani gida a ƙauyen Otani da ba su da magaji a lokacin. Mutum ne mai ƙwazo, ya ƙara gonaki, ya gyara gida, kuma mai bin ƙa'ida ne na ƙarshe, ba ya kafa ko ƙusa sai an duba masa rana da kusurwa. Duk da haka mutuwa ta yi ta zarya a gidansa. Ƙaninsa na gidan riƙo, uban riƙonsa, 'ya'yansa 3, sannan shanunsa na noma 2 ɗaya bayan ɗaya. Ku lissafa, 7 cif. Mutanen gari ba sa buƙatar a faɗa musu wanda ya yi aikin.

A 1855 yana shekara 42 a lissafinsu, shekarar da dama suke ɗauka mai hatsari ce ga namiji, sai ciwon maƙogwaro ya kwantar da shi, ba magana ba shan ruwa, likita ya cire rai. Dangi suka taru a ɗakin da ke kusa suna roƙo, ana cikin haka sai wani kami na dutse ya hau kan ƙanin matarsa, ya ce Bunjiro ya yi wa Konjin rashin kunya lokacin da ya yi gini. Surukinsa, uban matar, ya harzuƙa ya ce ƙarya ne, wannan gidan kam an duba rana an duba kusurwa, ba a tsallake komai ba. Irin amsar da ni da kai za mu bayar kenan, ga rasit ɗina na biya. Shi kuwa mara lafiyan daga kan shimfiɗa, a yadda mabiyansa ke ba da labarin, sai muryarsa ta buɗe ya ce a yi haƙuri da maganar surukina, ni jahili ne, na sa an duba amma ban san inda na taka ba, kuma ban ɗauka dubawar ta wanke ni ba. Aka ce masa an karɓa. Ya warke.

Abin da ya fahimta daga baya shi ne ya fi burge ni a duk labarin, don hankali ne tsagwaronsa ko da ba ka yarda da tushen ba. Ya ce wai ku tsaya, duk wannan duban da muke yi, me muke nema? Muna neman ranar da Konjin ba ya nan ne mu yi sauri mu yi gini kafin ya dawo. To in ƙasar tasa ce, wanne ya fi zama raini, ka je ka same shi ka nemi izini, ko ka laɓe sai ya fita ka shiga? Ashe dubawar ita ce laifin. Daga nan ya ce babu wata rana mai kyau ko mara kyau, babu kusurwar da aka hana, ko'ina na kami ne, ka roƙa kawai ka yi aikinka. Ya ƙara da cewa jinin al'ada da na haihuwa ba sa hana mace zuwa wurin bauta, abin da a Japan ta lokacin babbar magana ce, kuma in ba ka da lafiya ka yi roƙo ka kuma sha magani. Sunan dodon ma ya canza, ya koma Tenchi Kane no Kami, na sama da ƙasa, uba mai jin zafi in 'ya'yansa na wahala, wanda shi ma yake buƙatar mutane kamar yadda suke buƙatarsa.

A 1859 ya ajiye fartanya ya zauna a ɗakin gidansa, mutane na zuwa da damuwarsu yana saurara, ya isar wa kami, ya dawo musu da amsa, wannan aikin suke kira toritsugi kuma shi ne ƙashin bayan addinin Konkokyo har gobe. In ka shiga wurin ibadarsu za ka ga teburin malamin a gefe yake, a karkace, bai fuskanci jama'a ba bai fuskanci wurin bautar ba, kunne ɗaya nan ɗaya can. Shekara 24 Bunjiro ya yi a zaune a wannan wurin har ya mutu a 1883, jikansa kuma daga baya ya hau yana ɗan shekara 13 ya yi shekara 70 a kai. Su waye suka fara kai masa hari? 'Yan duba da bokayen dutse da ake kira yamabushi mana, sun sha shiga su farfasa masa kaya, ai dole, mutum ya ce ba sai an duba rana ba ya taɓa musu tuwo.

Ba shi kaɗai ba ne a wannan zamanin. A Okayama ɗin dai akwai Kurozumi Munetada, shi malamin ɗakin bauta ne, iyayensa biyu suka mutu a jere a 1812, tarin fuka ya kama shi, a ƙarshen 1814 yana gaida rana da asuba ya ce ya ji ta shige cikinsa ya warke, asalin addinin Kurozumikyo kenan. Shi da yake Amaterasu ya riƙe bai sha wahalar hukuma sosai ba, don haka ba zan daɗe a kansa ba.

Wadda ta sha wahala ita ce Nakayama Miki, matar wani mai gonaki a yankin Nara, an haife ta a 1798. A watan Oktoba na 1838 ɗanta na fama da ciwon ƙafa, aka kira wani yamabushi ya yi aiki, matar da ya saba ɗora wa iska ba ta nan, aka ce to uwar gida ta riƙe sandunan ta zauna a madadinta. Duk wanda ya taɓa ganin 'yan bori ya san tsarin, a yi kiɗa ko karatu, iska ta hau, a tambaye ta me take so, a yi alkawari, ta sauka kowa ya watse. To nan abin da ya hau ya ce shi ne kami na asali, kuma ba wata hadaya yake so ba, matar yake so gaba ɗayanta ta zama mazauninsa don ya ceci duniya. Miji ya ce tana da yara ƙanana, a yi haƙuri a nemi wata. Ya ƙi sauka. Kwana 3 tana zaune ba ci ba sha, shi kansa bokan ya ce abin ya fi ƙarfinsa, ranar 26 ga wata mijin ya sallama don kar ta mutu. Wannan ranar Tenrikyo, addinin da ya fito daga Miki, ke lissafawa a matsayin ranar kafuwarta.

Abin da ta fara yi shi ne rabar da kayan gidan, kayan aurenta, hatsi, har babban ɗakin gidan aka rushe aka sayar, dangi suka ce ta haukace ko yanyawa ce ta shige ta, suka guje su, shekaru suna cikin talauci. Abin da ya jawo mata mutane kuma ba wani zurfin ilimi ba ne, haihuwa ce. Daga wajen 1854 ta fara ba mata masu ciki tabbacin sauka lafiya tana cewa su bar duk camfe-camfen da aka ɗora wa mai jego, matan ƙauye suka fara kiranta kami ta haihuwa. Ka ga ita ma ta ƙofar ƙananan kami na ƙauye ta shigo, masu biyan buƙata ɗaya, daga baya ne koyarwar ta faɗaɗa, cewa jiki aro ne, zuciya ce kawai taka, rowa da ƙiyayya da girman kai ƙura ce da ake sharewa, kuma an halicci mutum ne don ya yi rayuwar farin ciki. Ta rubuta baitoci 1,711.

Ana cikin haka ƙasar ta juye. A 1868 aka kawar da mulkin shogun, wato shugabannin soja, aka dawo da sarki Meiji, sababbin masu mulki suna son ƙasa ɗaya mai uba ɗaya, don haka suka ɗauko Shinto na littafi suka mai da shi na gwamnati. Suka raba kami da Buddha waɗanda sun fi shekara 1,000 a cakuɗe, a 1872 suka soke ƙungiyar yamabushi, a 1873 suka haramta hawan iska da duba irin na mata, wai duk ci baya ne da ke ba su kunya gaban Turawa. Daga baya suka fito da wata dabara, suka ce zuwa ɗakin bautar gwamnati ba addini ba ne, aikin ɗan ƙasa ne, saboda haka ko kai Kirista ne sai ka rusuna. Daga 1906 kuma suka shiga haɗe ƙananan wuraren bauta na ƙauyuka, wajen 70,000 suka ɓace cikin 'yan shekaru, a lardin Mie kusan kashi 90 cikin 100 aka share, aka sare kurmin da ke kewaye da su aka sayar da katako. Wato kami na talaka shi aka fara kora.

Su kuma sababbin addinan aka ba su zaɓi, ko ka shigo layi a yi maka rajista a matsayin ɗarikar Shinto, ko 'yan sanda. Ɗarikoki 13 aka amince da su, Kurozumikyo a 1876, Konkokyo a 1900, Tenrikyo ce ta ƙarshe a 1908 bayan ta yi ta nema ana ƙi. Kuɗin shiga layin shi ne ka gyara koyarwarka ta dace da ta fada. Miki tana da nata labarin halitta, wai duniya tekun taɓo ce kami ya duba ciki ya ga wasu 'yan kifayen laka ya yi irin mutane da su, kowa da kowa daga taɓo ɗaya, babu wani gida da ya sauko daga rana. Kana ganin gwamnatin da ke koya wa yara cewa sarki jikan rana ne za ta bar wannan? Dole aka ɓoye shi. Ita dai tsohuwar ba ta taɓa yarda da neman rajistar ba, an kama ta fiye da sau 10, na ƙarshe cikin tsananin sanyin 1886 tana dab da shekara 90, a 1882 kuma 'yan sanda suka kwashe duwatsun ginshiƙin da take ginawa a wurin da ta ce nan aka halicci ɗan Adam. Ta mutu a 1887. Mabiyanta sun ce jiki kawai ta ajiye, har yau ana kai mata abinci sau 3 a rana ana haɗa mata ruwan wanka, garin ma tun 1954 sunansa Tenri, da jami'arsu da babban asibiti, duk baƙon da ya sauka kuma sannu da dawowa gida ake ce masa.

Yanzu sai tsohuwa mai tsumma, Deguchi Nao, wadda a wajena labarinta ya fi na kowa ɗaci. An haife ta a 1837 cikin shekarun yunwa, aka aurar da ita ga wani kafinta mashayi wanda ya cinye ɗan abin da suke da shi, ta haifi 'ya'ya 11, mijin ya kwanta jinya ya mutu a 1887, ta koma bola jari, tana yawo ƙauye-ƙauye tana tsintar tsumma da tsofaffin takardu ta sayar a ci abinci. 'Ya'yanta mata biyu suka samu taɓin hankali ɗaya bayan ɗaya. A farkon 1892 a garin Ayabe, tana da shekara 55, wani abu ya shige ta yana magana da muryar namiji daga cikinta, ta tambaye shi wane ne, ya ce shi ne Ushitora no Konjin, wato Konjin na arewa maso gabas, mafi muni a cikinsu, na ƙofar aljanu.

Tana bin titi tana ihu mutane su tuba, da aka yi gobara a garin a 1893 sai aka ce ita ce, aka kulle ta, da aka gano mai laifin kuma dangi suka tsare ta a ɗaki kwana 40 a matsayin mahaukaciya. A nan ta roƙi abin ya daina sa ta ihu, ya ce to ki rubuta, ta ce ban iya ba, ba ta taɓa shiga makaranta ba, ta ɗauki ƙusa ta fara karce ginshiƙi. Kafin ta mutu a 1918 ta cika shafuka wajen 200,000 da baƙaƙe masu sauƙi. Da farko a inuwar Konkokyo ta zauna tunda su ne masu Konjin, amma ba a daɗe ba aka raba gari, don nata Konjin ɗin ba uba mai lallashi ba ne. Ita cewa ta yi shi ne ya kafa duniya yana mulki da gaskiya, tsananinsa ya ishi sauran kami, suka haɗa baki suka tumɓuke shi suka tura shi arewa maso gabas suka laƙaba masa sunan dodo, tun daga nan duniya ta zama ta dabbobi, mai ƙarfi ya cinye mara ƙarfi, kuɗi ya zama sarki. Yanzu ya dawo, za a rushe a sake gini. Ka dubi matar da ke wannan maganar, wadda aka ture gefe aka kira mahaukaciya alhali ita ke ciyar da gida, ba sai an ce maka me ya sa wannan kami ɗin ne ya zo mata ba.

Akwai wani biki da duk Japan ke yi farkon Fabrairu, Setsubun, ana watsa gasasshen waken suya a ƙofa ana cewa aljani waje, arziki ciki, yara na jifan babansu da ya sa fuskar dodo. A koyarwar Omoto, addinin da ya fito daga Nao, waken nan shi aka jefi Konjin da shi ranar da aka kore shi, aka ce ya dawo in gasasshen wake ya tsiro, wato har abada. Don haka su a nasu bikin aljani ciki suke cewa, arziki ma ciki. Ƙasa guda na korar abu su suna buɗe masa ƙofa.

Da Nao kaɗai ce da abin bai wuce Ayabe ba. A 1898 ta haɗu da wani saurayi Ueda Kisaburo, ya auri 'yarta Sumi a 1900 ya koma Deguchi Onisaburo, mutum mai baki da son nuna kai da basira kamar me, sun sha rigima da surukar tasa don ita ba ta son komai na Turawa shi kuwa yana son sababbin abubuwa, daga baya har fim ya yi. Shi ya ɗaura Konjin da Kunitokotachi, wanda a Nihon Shoki shi ne kami na farko da ya bayyana, kafin Amaterasu. Ka gane inda matsalar take ai. In wanda ya riga ta shi ne mai mulkin gaskiya kuma ƙwace aka yi masa, to gidan da ke mulki da sunanta fa? A 1920 ya sayi babbar jarida a Osaka, hafsoshin sojan ruwa da 'yan boko suna ta shiga, a 1921 aka kama shi da laifin cin mutuncin sarki. Bai daddara ba, yana kan beli ya sulale zuwa Mongoliya a 1924 da niyyar kafa daular addini, saura ƙiris a harbe su, cikin 'yan rakiyarsa har da Ueshiba Morihei wanda ya ƙirƙiro wasan aikido. Ya shifta littafi mai juzu'i 81, ya rungumi Esperanto, harshen da aka ƙirƙira don duk duniya ta yi magana da shi, ya kafa ƙungiya mai kayan sarki yana duba faretinsu a kan farin doki, abin da sarki kaɗai aka sani da shi.

Ranar 8 ga Disamba 1935 gwamnati ta gama da su. 'Yan sanda ɗaruruwa suka dira cibiyoyinsu na Ayabe da Kameoka, aka kama mutum kusan 1,000 a faɗin ƙasar, 61 aka gurfanar, wasu suka mutu sanadin azaba, a 1936 tun kafin kotu ta yanke hukunci aka sa nakiya aka tarwatsa gine-ginensu, aka sayar da filayen a wulaƙance, har kabarin Nao sai da aka tone. Onisaburo bai fito ba sai 1942. Bayan an ci Japan da yaƙi lauyoyi suka ce ya nemi diyya, ya ƙi, ya ce kuɗin daga harajin mutanen da yaƙi ya talauta zai fito. Ni dai ban san yadda zan auna mutumin nan ba, rabinsa ɗan wasan kwaikwayo ne, amma wannan ɗin ya yi abin a yaba.

A Disamba 1945 Amurkawa suka soke Shinto na gwamnati, ranar 1 ga Janairu 1946 sarki Hirohito ya fito ya ce shi ba abin bauta ba ne, tsarin mulkin 1947 ya ba kowa 'yancin addini, sai addinai suka ɓarke kamar me, har da wata matar manomi a Yamaguchi, Kitamura Sayo, da ta ce kami na zaune a cikinta, mabiyanta na rawa a titunan Tokyo. Tenrikyo ta dawo da labarinta na taɓo, a 1970 ma ta fice daga ƙungiyar ɗarikun Shinto ta ce ita dama ba Shinto ba ce, dole ce ta sa. Sunan sababbin addinai ya ɓaci sosai bayan harin iskar guba da ƙungiyar Aum Shinrikyo ta kai jirgin ƙasan Tokyo a 1995, duk da su Aum ba daga wannan zuriyar suke ba, nasu haɗe-haɗen Buddha da yoga ne, amma wa zai tsaya tantancewa.

Omoto kanta ba ta sake girma kamar da ba, 'ya'yanta ne suka yi yawa. Taniguchi Masaharu ya fita ya kafa Seicho no Ie a 1930, Okada Mokichi ya kafa tasa a 1935 wadda ta zama Sekai Kyuseikyo, masu ɗaga tafin hannu su ce haske na fita yana wanke cuta, daga wannan layin kuma Mahikari ta fito a 1959. Waɗannan su ne suka tsallaka teku. Brazil ce babbar kasuwarsu saboda Japanawan da suka yi ƙaura can, daga Brazil masu ɗaga hannun suka shiga Angola da Mozambik ta hanyar harshen Fotugis, Mahikari ta kafu a Abidjan da wasu biranen Afirka ta Yamma masu Faransanci, Tenrikyo kuma tana da wurin ibada a Brazzaville tun shekarun 1960. Abin da ke kai mutane can bai canza ba, ciwo ne da ya ƙi jin magani da haihuwa da kasuwar da ta tsaya, kuma akasarinsu in ka ce musu Ushitora no Konjin ba za su san wa kake nufi ba.